Direban Na'urar Kama Wi-Fi

Nakan ga an sayo 'yar na'urar nan ta kama Wi-Fi, an soka a kwamfuta, ta ƙi aiki, sai a yar a ce jabu ce. Alhali direba ta rasa, watau manhajar da ke koya wa kwamfuta sarrafa ta. Abin dariya, direban yana intanet, ita ce kuwa ƙofar shiga! To, ni nakan haɗa wayata da kebul in ari intanet ɗinta. Sa'an nan in buɗe Device Manager in duba lambar na'urar, ba sunan kwali ba. In 0BDA ce, to Realtek ya ƙera cikinta. Daga shafin kamfani kaɗai nake sauko da direba, domin na wasu shafuna kan zo da ƙwayar cuta.