Amsar Tambaya: 'Yata ta ce tana magana da mutanen wata duniya

Anti, 'yata mai shekara 14 ta ga wani abu a fim. Yanzu ita da ƙawayenta sukan rubuta haruffa a kwali, su kifa kofi, su ɗora yatsu, wai mutanen wata duniya na ba su amsa. Kofin kuwa yana motsi, na gani da idona.
Wata uwa daga Zariya

'Yar'uwa, kwantar da hankalinki. Abin da suke kwaikwaya allon Ouija ne, kayan wasa da aka yi wa rajista a Amurka a 1891, yau kuma kamfanin Hasbro ke sayar da shi. Masu fim ne suka ƙara masa gishiri.

Motsin kofin gaskiya ne, amma hannun yaran ke tura shi ba tare da sun sani ba. Tun 1853 masanin kimiyya Michael Faraday ya gwada irin wannan a Ingila, lokacin da ake yayin tebur mai juyawa, ya nuna cewa masu dafa teburin ne ke tura shi. Ki gwada a gida: ɗaure musu ido da ɗankwali, ki juya kwalin a hankali. Haruffan za su fito a hargitse.

Abin da ya fi damuna shi ne tsoron da wasan ke bar wa yarinya da dare. Don Allah kada ki doke ta, ɓoyewa za ta koma yi. Ki zaunar da ita ki tambayi wa take son ji daga gare shi. Idan wani ta rasa, ku yi masa addu'a tare, sannan ki karɓe kwalin.