Amsoshin Tambayoyinku: Fim ɗin "Zinder" wasa ne ko gaske?

Wani matashi daga unguwar Birni a Damagaram ya aiko yana cewa ya kalli fim ɗin "Zinder" na A'isha Macky, yana son sanin ko 'yan wasa aka ɗauka irin na finafinan Kano. Ya kuma ji ana cewa fim ne "mai zaman kansa", to mene ne wannan? Daga ƙarshe ya ce shi fa yana ganin an ci mutuncin garinsu.

Ɗana, sannu da ƙoƙari, ka kyauta da ka tambaya. Babu ɗan wasa ko ɗaya a ciki. Irin wannan fim ana kiransa dokumantari, wato fim na gaskiya: ba a rubuta wa kowa abin da zai faɗa, mai kyamara ne ke bin mutane cikin harkokinsu na yau da kullum. Samarin da ka gani suna ɗaga ƙarfe a Kara-Kara, da mai kabu-kabun da ya tuba ya bar daba, da masu shigo da esansi daga iyakar Najeriya, da waɗanda ke kaso, duk rayuwarsu ce ka kalla. Sai dai ka sani, mai fim ce ke zaɓen abin da za a nuna da wanda za a yanke, don haka idonta na ciki.

"Mai zaman kansa" kuwa ba ya nufin an yi shi babu kuɗi. Nufinsa ba gwamnati ko wani babban kamfani ne ya ba da kwangila ya ce ga abin da za a faɗa ba. Kamfanin A'isha, Tabous Production, ya haɗa hannu da wasu ƙananan kamfanoni na Faransa da Jamus. 

Sai batun mutunci, wanda na san shi ne ya fi ci maka rai. A'isha ba baƙuwa ba ce. A Zinder, wato Damagaram ɗinku, aka haife ta a 1982, ta karanci halayyar zaman jama'a a Jami'ar Abdu Mumuni ta Yamai, sannan ta koyi aikin fim a Saint-Louis ta Senegal. Kafin ta nuna na wasu, nata ta fara buɗewa: fim ɗinta na 2016, "L'arbre sans fruit", wato itacen da ba ya 'ya'ya, a kan rashin haihuwarta ne, ya kuma ci kyautar finafinan Afirka ta AMAA. An fara nuna "Zinder" a 2021 a bikin Visions du Réel na ƙasar Suwizalan.

Kara-Kara unguwa ce da aka daɗe da ware wa kutare da marasa galihu, jikokinsu da dama suka tashi ba makaranta, ba takardar haihuwa, ba aikin yi. A nan ƙungiyoyin daba da ake kira "palais" suka yi ƙarfi. Kada ka haɗa su da fadar shayi da kuke zama da yamma, ko da yake kalmar da Faransanci fada take nufi. Garin da ya riƙe matsayin babban birnin Nijar har 1926, ga matatar mai ta SORAZ a gefensa tun 2011, amma 'ya'yansa na kasada da ransu a kan jarkar mai: a ganina wannan ne abin kunyar, kuma ya riga kyamara zuwa.

Ka sake kallonsa tare da wani dattijon unguwarku, ka saurari abin da samarin ke faɗa da bakinsu. In ra'ayinka bai sauya ba, rubuto mana, za mu buga.