Daga Zane Zuwa Fim: Darasi a Kan Kallon Tsanaki

Fim ɗin gaskiya shi ne wanda ake ɗaukar mutane cikin ainihin rayuwarsu, ba tare da 'yan wasa ko ƙagaggen labari ba. Irin wanda aka fi sabawa da shi a gidajen talabijin, murya ce ke jan ragama, hoto kuwa yana biye da ita kamar raƙumi da akala. Akwai kuma wani iri wanda masu zane suka fi karkata gare shi idan sun ɗauki kyamara. A nan hoton ne ke magana, kuma ana barin sa ya daɗe har mai kallo ya fara lura da abin da idonsa ya tsallake da farko.

Karimah Ashadu misali ce ta kusa. An haife ta a Landan a 1985, 'yar asalin Nijeriya ce, kuma zane ta fara koya. A fim ɗinta Plateau na 2021 ta bi masu haƙar kuza a ƙasar Jos, mutanen da ke tonon abin da kamfanonin Turawan Ingila suka bari bayan sun kwashe mai tsoka. Ba ta kawo wani masani ya yi sharhi a kansu ba. Ta tsaya ne a kan launin ƙasa, da ruwan da ya taru a tsofaffin ramuka, da jikin mutum yana aiki, sannan ta bar mahaƙan suka faɗi nasu da bakinsu. Wannan tarbiyyar mai zane ce, domin shi ya saba zama gaban abu guda yana auna haske da inuwa kafin ya ja layi ɗaya. A 2024 fim ɗinta Machine Boys, kan 'yan acaɓar Legas, ya samu lambar yabo a baje kolin fasaha na Banis a Italiya, kodayake shi ya fi Plateau hayaniya nesa ba kusa ba.

Abin da ya shafi malamin Hausa a nan shi ne insha'in siffantawa. A ƙasar Birnin Gwari ma ana haƙar ma'adini, wato zinariya, amma shekarun tashin hankali sun sa da wuya a ambaci sunan garin a labarai sai da batun 'yan bindiga. Idan aka ce wa ɗalibi daga Tsohon Birnin Gwari ya siffanta garinsu, akwai tsoron ya maimaita abin da ya ji a rediyo, ya manta da dajin Kamuku, wanda ya zama gandun daji na ƙasa a 1999, da hannun mai wankin zinariya a bakin rafi.

Saboda haka malami na iya sa ɗalibai su zauna minti goma gaban abu guda, ko maƙera ko bakin rijiya, ba wanda zai taɓa alƙalami. Bayan nan kowa ya rubuta abin da ya gani da wanda ya ji, a hana shi kalmomin hukunci irin su "kyakkyawa" da "abin tausayi".