Amsoshin Tambayoyinku: Tawayen Sarki Buhari na Haɗejiya

Wannan wasiƙa ta fito ne daga wani bawan Allah a Auyo. Ya ce ya ji labarin Kurdawan da suka yi wa Sarkin Farisa Shah Abbas tawaye, suka ja daga a ganuwar Dimdim daga 1609 zuwa 1610. Yana tambaya, shin a ƙasarmu an taɓa samun wanda ya bijire wa babbar daula haka?

Malam, ai a ƙofar gidanku abin ya faru, kuma garinku na cikin mafarinsa.

Buhari ɗan Sambo ya hau sarautar Haɗejiya a 1848. Bai daɗe ba ya sa aka kashe ɗan'uwansa, Sarkin Auyo Nalara. Da ƙara ta kai Sakkwato, Sarkin Musulmi Aliyu Babba ya turo Waziri Abdulƙadir ɗan Giɗaɗo, aka tuɓe Buhari a 1850, aka naɗa ɗan'uwansa Ahmadu. Buhari bai saduda ba. Ya nemi goyon bayan Barno, ya tara mayaƙa, shekara na zagayowa ya ƙwace Haɗejiya, Ahmadu kuma ya rasa ransa.

Sai gamon Kafur a 1853. Sakkwato ta haɗo runduna daga masarautu da dama, Galadiman Kano Abdullahi na gaba, wanda daga baya ya zama Sarkin Kano Maje Ƙarofi. Sun yi sansani suna ganin Haɗejiya ta gama shiga hannu, Buhari ya auka musu ba zato ba tsammani. Rundunar ta watse, kowa ya yi ta kansa. Daga ranar Sakkwato ba ta sake iya tanƙwara shi ba.

Amma malam, akwai bambanci. Na Dimdim ƙabila ce ta tsaya wa baƙon sarki, kuma an murƙushe su. Buhari kuwa Bafulatani ne, ɗan gidan masu tuta, rigimarsa ta gadon sarauta ce. Jarumtakarsa ba a musu. Abin da ke sosa mini rai shi ne talakawan fadamar Haɗejiya, manoma da masunta, da ƙauyukan gabashin Kano da na Katagum, waɗanda aka ƙone musu rumbuna, aka kama 'ya'yansu bayi shekara da shekaru. Masarautar Marma ma haɗiye ta ya yi.

Ya rasu a 1863 wajen yaƙin Bade, a Gogaram. Bayansa ne Haɗejiya ta koma ƙarƙashin Sakkwato.