Hugh Clapperton, Hafsan Sojan Ruwa da Ya Ratsa Ƙasar Zazzau

Sojan ruwa shi ne sojan da ke aiki a cikin jiragen yaƙi a kan teku, hafsa kuwa shi ne mai muƙamin ba da umarni a cikinsu, tun daga laftanar har zuwa kyaftin da abin da ya yi sama. Ƙasar Hausa ba ta da teku, kuma tsakanin Zariya da gaɓar ruwan Legas akwai ɗaruruwan kilomita, amma duk da haka ɗaya daga cikin Turawan farko da suka ga Kano da Zazzau da Sakkwato da idonsu, suka kuma rubuta abin da suka gani, hafsan sojan ruwan Ingila ne mai suna Hugh Clapperton, wanda mutanen da ya zauna da su suka sani da suna Abdullahi. A daminar 1826 ya tashi daga Zariya ya bi hanyar fatake da ta ratsa arewacin ƙasar Zazzau, wato yankin da ƙananan hukumomin Kudan da Makarfi da Ikara suke a yau, ya ɓulla ta Bebeji ya shiga Kano.

An haife shi ranar 18 ga Mayu, 1788, a Annan, wani ƙaramin gari na bakin ruwa a kudancin Sikotland. Gidansu gidan likitoci ne, domin kakansa Robert likita ne, mahaifinsa George shi ma likita ne mai yin tiyata, mahaifiyarsa kuwa, Margaret Johnstone, 'yar masu gonaki ce daga yankin Lochmaben. George ya yi aure sau biyu, ya haifi 'ya'ya 21, kuma Hugh yana cikin ƙananan ɗakin farko. Ya taso a gidan da ke da suna da mutunci amma bakuna sun fi abin hannu yawa, saboda haka karatunsa bai yi nisa ba, sai dai wani malami mai suna Bryce Downie ya koya masa lissafi da ilimin gano hanya a teku, kuma wannan ɗan karatun shi ne jarin da ya ci har ƙarshen rayuwarsa. Yana da shekara 13 aka ba da shi koyon aiki a wani jirgin 'yan kasuwa da ke zirga-zirga tsakanin Liverpool da Amurka ta Arewa.

A wancan zamani Ingila tana yaƙi da Faransa, kuma rundunar ruwanta tana cike gurbin ma'aikata ta hanyar kamun dole, wato a tare matuƙin jirgin kasuwa a tashar ruwa a sa shi aikin soja ko yana so ko ba ya so. Ta wannan ƙofa Clapperton ya shiga, a matsayin ƙaramin ma'aikaci marar igiya, kuma da wuya mai irin wannan farko ya kai ga zama hafsa, sai in yana da wanda zai tsaya masa. Shi ya samu, domin baffansa Samuel hafsa ne a cikin sojojin ƙasa da ake ɗauka a jiragen yaƙi, kuma ta hanyar sanayyar wannan baffan aka ɗaga shi zuwa hafsa mai koyo, wanda shi ne matakin farko na tsanin hafsoshi. Daga nan ya nuna ƙwazonsa, musamman a ƙarshen 1810 lokacin da Ingila ta ƙwace tsibirin Morishus daga hannun Faransa, inda aka ruwaito cewa yana cikin waɗanda suka fara kutsawa, shi ne kuma ya sauke tutar Faransa.

Wannan al'ada ta dangi ya ja dangi ba a Ingila kaɗai take ba, ita ce ma ginshiƙin sabuwar rundunar ruwan Amurka. Oliver Hazard Perry, wanda ya ci jiragen Ingila da yaƙi a tafkin Erie a watan Satumba na 1813, ya fara aiki ne yana da shekara 13 a jirgin da mahaifinsa, Kyaftin Christopher Perry, yake jagoranta, ƙanensa Matthew kuma ya fara aiki a ƙarƙashinsa, shi ne daga baya ya kai jiragen Amurka Japan a 1853 ya tilasta mata buɗe tashoshinta, ƙanwarsu kuwa ta auri wani hafsa daga gidan Rodgers, wanda shi ma gidan sojan ruwa ne. Dalilin haka a fili yake: babu makarantar hafsoshi da kowane yaro zai shiga ta jarrabawa, kyaftin ne ke zaɓar yaran da zai horar a jirginsa, kuma ɗansa da ɗan ɗan'uwansa da ɗan amininsa su ne a gaba. A kan waɗannan manyan tafkuna da ke tsakanin Kanada da Amurka aka tura Clapperton a 1814, a can ya zama laftanar har aka ba shi ƙaramin jirgi. Da aka yi sulhu aka rage jiragen, sai a 1817 ya koma gida a kan rabin albashi, wato kuɗin da ake ba hafsan da ba a sallame shi ba amma ba shi da aikin yi, ya zauna wajen 'yar'uwar mahaifiyarsa a Lochmaben yana farauta da kamun kifi.

Abin da ya fito da shi daga wannan zaman kashe wando shi ne haɗuwarsa a Edinburgh da Walter Oudney, likitan sojan ruwa, wanda gwamnatin Ingila ta ɗora wa tafiya Borno. Turawa sun san akwai babban kogi da suke kira Neja, wanda Hausawa ke kira Kwara, amma ba su san inda yake ƙarewa ba, wasu na cewa a Nilu, wasu na cewa a wani tafki. Sojan ruwa ya dace da aikin nan fiye da yadda ake zato, domin hamada da teku duk wurare ne da babu alamar hanya, kuma hafsan jirgi ya saba da abubuwa biyu da matafiyi ke bukata. Na farko shi ne amfani da na'urar da ke auna tsayin rana ko tauraro daga sararin ƙasa, wadda da ita da agogo ake lissafa inda mutum yake a doron duniya. Na biyu shi ne rubuta littafin yau da kullum, wanda a jirgi wajibi ne a shigar da iska da nisan tafiya da duk abin da ya faru, ko da mutum ba shi da lafiya. Wannan horo ne ya sa rubutun Clapperton ya cika da ranaku da sunayen garuruwa da farashin kaya, ya kuma yi ƙarancin ƙawa, kuma saboda haka masana tarihi suka fi dogara da shi a kan na abokin tafiyarsa Dixon Denham, wanda ya fi shi iya zuba labari amma suka yi ta rashin jituwa a hanya.

Clapperton da Oudney da Denham sun tashi daga Tarabulus a 1822 da yardar mai mulkinta Yusuf Karamanli, wanda shi ne ya yi yaƙi da jiragen Amurka daga 1801 zuwa 1805, suka bi ta Murzuk da Bilma, suka isa Kukawa wajen Shehu Muhammadu al-Amin al-Kanemi ranar 17 ga Fabrairu, 1823. A ƙarshen shekarar Clapperton da Oudney suka nufi yamma, Oudney ya mutu a Murmur kusa da Katagum a watan Janairu na 1824, Clapperton ya shiga Kano ranar 20 ga watan, a zamanin Sarki Ibrahim Dabo. Ya caɓa ado da kakinsa na sojan ruwa yana tsammanin gari zai fito kallo, sai ya tarar kowa na harkar gabansa, ba wanda ya ko waiwaye shi. Ya ƙiyasta mazauna birnin tsakanin 30,000 da 40,000, ya ce ganuwa ta kai kimanin mil 15 a kewaye da ƙofofi 15, ya bayyana Jakara da duwatsun birnin biyu da marina da damben mahauta. A kasuwa ya sayi laimar Ingila koriya a kan dalar Sifen uku, wadda ta ƙetaro hamada kafin shi. Abin da ya fi burge shi shi ne tsarin ciniki, domin ya ga cewa idan aka sayi riga ko turkuɗi aka tafi da shi wani gari aka tarar da aibi, ana iya mayar da shi, tun da sunan dillali yana rubuce a cikin ƙunshin, kuma dole dillalin ya nemo mai kaya a biya kuɗin.

A watan Maris ya isa Sakkwato, ya sauka a hannun Waziri Giɗaɗo ɗan Laima. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya karɓe shi karɓar malami, ya yi masa tambayoyi a kan ɗariƙun Kirista har Clapperton ya amsa cewa iliminsa bai kai nan ba, ya duba na'urarsa ya ambaci sunayen taurari da buruji da Larabci, ya sa aka zana masa taswirar ƙasar, aka kuma kwafa masa wani yanki na littafinsa Infaƙul Maisuri. Sun yi magana a kan Ingila ta aiko da jakada da likita da kayan ciniki, shi kuma Bello ya hana fitar da bayi ta teku, aka rubuta wa Sarkin Ingila George na Huɗu takarda a kan haka. Amma bai bar baƙon ya wuce zuwa Yawuri ya ga Kwara ba, saboda haka Clapperton ya juya a watan Mayu, ya isa Ingila a tsakiyar 1825, aka ƙara masa girma zuwa kwamanda.

Bai huta ba, domin a watan Agusta na shekarar ya sake tasowa a jirgin yaƙi mai suna Brazen, wannan karon ta teku. A cikin tawagar akwai wani sojan ruwa na biyu da ya kamata mai karatu ya sani, wato Abubakar, mutumin Gobir, wanda Turawa ke kira William Pasco. An sayar da shi bawa har ya kai bakin teku, aka sa shi a jirgin Fotugal, sai jirgin yaƙin Ingila ya tare su, domin tun 1807 Ingila ta haramta wa mutanenta cinikin bayi ta kuma sa jirage sintiri a gaɓar Afirka ta Yamma. Da ya sami 'yanci ya kama aiki a rundunar ruwa, kuma shi ne tafintan tafiyar, wato bakin Clapperton da kunnensa a duk inda ake jin Hausa. Akwai kuma baransa Richard Lander, saurayi daga Truro. Sun bar Badagiri ranar 7 ga Disamba, 1825, kafin watan ya ƙare zazzaɓi ya kashe biyu daga cikin tawagar, Kyaftin Pearce da Likita Morrison, sauran suka bi ta tsohuwar Oyo da Kayama da Wawa da Busa, inda wani matafiyi Bature mai suna Mungo Park ya halaka a ruwa shekara ashirin kafin nan, suka ƙetare Kwara suka ratsa Nufe da Birnin Gwari.

Sun shiga Zariya ranar 10 ga Yuli, 1826, a zamanin Sarki Yamusa, shekara 18 kacal bayan Malam Musa ya karɓi birnin a jihadi, Sarki Makau ya yi kudu. Clapperton ya lura da dogayen itatuwa da filayen noma a cikin ganuwa, ya kuma ga kamar jama'arta sun kai na Kano ko sun fi. Daga nan suka shiga hanyar arewa a tsakiyar ruwa, lokacin da rafuka suka kawo, dawa da gero suka rufe gonaki, dabbobin kaya na nutsewa a laka, suka isa Kano ranar 20 ga Yuli. Tafiyar da mota ke yi yau cikin 'yan sa'o'i ta ci su kwanaki, amma a wajen masu zana taswira tana da nauyi, domin da ita awonsa na kudu ya haɗu da awonsa na arewa a Kano, aka sami layi guda da aka auna tun daga Tarabulus har gaɓar Badagiri.

Zuwansa Sakkwato na biyu bai zama kamar na farko ba. Bello yana yaƙi da Gobir, har Clapperton ya halarci harin da aka kai Ƙonya a watan Oktoba, sa'an nan kuma Shehu al-Kanemi ya taso da runduna ya nufo ƙasar Kano. Baƙon kuwa yana ɗauke da takarda da kyautar makamai zuwa ga Shehun Borno, yana neman a ba shi hanya ya kai. Bello ya hana, ya sa aka karɓe takardar da makaman, ga kuma gargaɗin da ke zuwa masa daga Larabawa cewa Ingilishi da ciniki suka shiga Indiya kafin su cinye ta. Clapperton ya ɗauki abin cin amana ya yi fushi ƙwarai, amma duk wanda ya auna zai ga babu sarkin da zai bar a wuce ta ƙasarsa da bindigogi zuwa ga wanda yake yaƙarsa, cinye ƙasar da Ingilishi suka yi a 1903 kuma ya nuna gargaɗin Larabawan ba shaci-faɗi ba ne.

A watan Maris na 1827 atuni ya kwantar da shi, Lander ya yi jinyarsa fiye da wata guda, ya mutu ranar 13 ga Afrilu yana da shekara 38, aka binne shi a wani ƙauye mai nisan kimanin mil biyar daga Sakkwato. Lander da Abubakar suka kwashe takardunsa suka koma Kano, suka yi kudu da niyyar bin Kwara zuwa teku, sai mahaya daga Sarkin Zazzau suka cim musu suka mayar da su Zariya, dole suka bi tsohuwar hanyarsu zuwa Badagiri. An buga littafin tafiyar a Landan a 1829. A shekarar da ta biyo baya Lander ya dawo tare da ƙanensa John, Abubakar na yi musu tafinta, suka shiga kwalekwale daga yankin Busa suka gangara har teku a watan Nuwamba na 1830, suka tabbatar wa Turai cewa Kwara a gaɓar kudancin Najeriya ta yau take zuba ruwanta.