Darasi Daga Tarihin C.J. Obasi: Yadda Marubucin Fim Yake Tasowa

Gabatarwa

Fim mai zaman kansa shi ne wanda ake shiryawa ba tare da jarin babban kamfani ba. A irin wannan fim, labari shi ne jarin farko, kuma marubuci yana auna alƙalaminsa ne da ƙarfin aljihun masu shiryawa. Wannan maƙala za ta dubi tasowar C.J. Obasi domin fito da abin koyi ga ɗalibi mai sha'awar wannan fage.

Matakan Tasowarsa

Obasi ɗan Owerri ne, kuma kimiyyar kwamfuta ya karanta a Jami'ar Nijeriya da ke Nsukka. Fim ɗinsa na farko mai tsawo, Ojuju, ya fito a 2014 da kuɗi ƙalilan. Ya gina labarin a kan wata unguwar talakawa a Legas, inda gurɓataccen ruwa ya jawo annoba. Da yake labarin bai fita daga unguwar ba, ɗaukarsa ba ta ci kuɗi ba. Fim ɗin ya zamo gwarzon finafinan Nijeriya a bikin AFRIFF na wannan shekara.

A 2016 ya haɗa kai da Abba Makama da Michael Omonua suka kafa ƙungiyar Surreal16. Su ukun ne suka fitar da Juju Stories a 2021. Sai kuma Mami Wata, wanda ya rubuta ya kuma ba da umarni. An fara nuna shi a bikin Sundance na Amurka a 2023, ya samu kyautar ɗaukar hoto.

Darussa

Na farko, marubuci ya rubuta abin da za a iya ɗauka: wurare kaɗan, 'yan wasa kaɗan. Na biyu, ya ɗebo daga al'adar gida. Kamar yadda Obasi ya ɗauko imanin mutanen gaɓar teku game da uwar ruwa, haka ɗalibin Hausa yake da tatsuniya da almara da labaran bori. Na uku, ya nemi abokan tafiya, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Na huɗu, haƙuri: shekara tara ce tsakanin Ojuju da Mami Wata.

Kammalawa

Ɗalibin da ya naƙalci jigo da zubi da tsari a ajin wasan kwaikwayo ya riga ya mallaki kayan aiki. Ya fara da gajeren labari na minti goma, ya ba abokai su karanta da murya, sannan ya gyara.