Yadda ake sanya lambobin biyan kuɗin asibiti ga direban ATV da ya ji rauni

A Amurka, asibiti da kamfanin inshora da lambobi suke magana. Tun daga 1 ga Oktoba 2015, kundin ICD-10-CM ne ake amfani da shi wajen bayyana ciwon majiyyaci da abin da ya jawo shi. Cikin haɗurran da ke rikita sababbin ma'aikatan lambobi akwai na ATV, wato babur ɗin nan mai ƙafa uku ko huɗu da faffaɗan tayoyi, wanda manoma da mafarauta da masu wasan tsere ke ratsa gona da daji da shi. Ga yadda ake bin aikin.

Da farko, ajiye kundin gefe ka karanta rahoton likita tun daga sama har ƙasa. Amsar tambayoyi huɗu kake nema: wane rauni aka ji, majiyyacin shi ke tuƙi ko goyo aka yi masa, wane irin abin hawa ne, kuma a ina abin ya faru. In ɗaya daga ciki ba ta fito ba, ka koma wa likitan da tambaya a rubuce. Ma'aikacin lambobi ba ya cike giɓi da zato.

Na biyu, raunin shi ke shiga gaba. Lambobin rauni da harafin S yawancinsu suke farawa, kuma mafi tsanani shi ake fara rubutawa. A ce ma'aikacin gona ne babur ɗinsa ya kife a kan kunya, ya faɗi da kafaɗar dama, hoto ya nuna ƙashin wuyansa na dama ya karye a tsakiya har ya goce, fata kuma ba ta fashe ba. Lambarsa S42.021A. In ya bugu a kai, kansa ya juya amma bai suma ba, likita kuma ya rubuta girgizar ƙwaƙwalwa, sai a ƙara S06.0X0A. Akwai ƙa'ida biyu a kan karaya da ya kamata ka haddace. Idan likita bai faɗi ko ƙashi ya huda fata ba, a ɗauke ta a rufaffiya. Idan bai faɗi ko ya goce ba, a ɗauka ya goce.

Sai mataki na uku, inda aikin yake da wuya: lambar sanadi. Rukunin V86 ne ke ɗauke da motocin da aka ƙera don bin jeji. Lambar da ke bayan ɗigo tana faɗin matsayin mutumin da inda abin ya faru: 0 direba ne a kan titin jama'a, 5 direba ne a wajen titi, 1 da 6 kuma fasinja ne a waɗannan wurare biyu. Ta gaba da ita tana faɗin irin abin hawan, kuma ta ATV ita ce 5. Ke nan direban da ya ji rauni a gona ko daji V86.55 ne, wanda ya ji a kan titi kuma V86.05. Sai a watan Oktoba 2017 aka ware wa ATV lambarsa. Kafin nan cikin tarkacen "sauran motocin jeji" ake zuba shi, shi ya sa har yanzu za ka ga tsofaffin hannu suna miƙa hannu ga V86.59 bisa sabo. Wannan lambar yau ta irin su motar filin golf ce.

To idan rahoton bai ambaci wuri ba fa? A sauran haɗurran mota, ana ɗauka a titi abin ya faru. A nan kuwa akasin haka ne: haɗarin da bai shafi komai ba sai motar jeji, ana ɗaukarsa na wajen titi ne har sai an rubuta saɓanin haka. Ka kuma lura da abin da V86 bai ƙunsa ba. Mai ƙafa uku da aka ƙera don titi, irin adaidaita-sahu, yana V30 zuwa V39. Babur mai ƙafa biyu na tseren ƙasa yana nan cikin V86, amma lambarsa 6 ce, wato V86.56. Wanda kuma ya ji ciwo yana gyaran ATV a tsaye, ba haɗarin sufuri ya yi ba, rukunin W31 za ka duba.

Na huɗu, harafi na bakwai. V86.55 gurabe biyar ne kawai, don haka ana sa X ya riƙe gurbi na shida, sannan harafin ƙarshe: V86.55XA. Mutane da yawa suna ɗauka A na nufin zuwan farko ne kawai, alhali yana nufin duk lokacin da ake tsaka da jinyar raunin, ko a ɗakin gaggawa ko a tiyata, ko da likita na uku ne ke duba shi. D na lokacin warkewa ne, kamar ranar da ya dawo a ɗauki hoto a ga ko ƙashi na haɗewa. S kuma na larurar da raunin ya bari bayan ya warke. Harafin lambar sanadi ya bi sawun na raunin a wannan ziyarar. Lambar V86 kuma ba ta taɓa zama ta farko a takarda.

Na biyar, wuri da matsayin aiki, waɗanda sau ɗaya tak ake rubutawa, a ziyarar farko. Filin gona Y92.73 ne, daji Y92.821, hamada Y92.820. Wanda ke bakin aikin da ake biyansa Y99.0 ne, mai yawon shaƙatawa Y99.8. Babu dokar ƙasa baki ɗaya da ta wajabta lambobin sanadi, sai dai wasu jihohi da kamfanonin inshora suna buƙatarsu. Ni dai shawarata kada ka tsallake su. Ma'aikacin gonar nan, in takardarsa ta nuna a bakin aiki ya faɗi, kuɗin jinyarsa na iya komawa kan inshorar diyyar ma'aikata maimakon aljihun iyalinsa. Daga irin waɗannan lambobi ne kuma hukumomin lafiya ke gane su wa babur ɗin ke raunatawa, da inda yake kayar da su.

Na ƙarshe shi ne cike fom. A CMS-1500, akwati na 21 yana ɗaukar lambobi har 12, ana kuma rubuta su ba tare da ɗigo ba: S42021A da S060X0A a gaba bisa tsananin da likita ya nuna, sai V8655XA, Y9273 da Y990. A akwati na 10 ka nuna ko haɗarin na wurin aiki ne, na mota, ko wani daban, a na 14 kuma ranar da ya faru. Asibitoci masu amfani da fom ɗin UB-04 suna da gurbi na 72 don lambar sanadi. Kafin ka tura, duba cewa kundin da ke gabanka na shekarar da aka yi jinyar ne, domin kowace 1 ga Oktoba sabon bugu ke fara aiki.